Daga Chennai Zuwa Kafanchan: Satar Finafinan Tamil da Halattattun Hanyoyin Kallo

A garuruwanmu na kudancin Kaduna, daga Kafanchan zuwa Zonkwa, Kagoro, Kwoi da Kachia, da wuya a sami bakin kasuwa ko tashar mota da babu ɗan shagon cajin waya, kuma da wuya a sami shagon caji da ba a tura fim a cikinsa. Mai shago yana da kwamfuta ɗaya da ma'ajiyar finafinai, mai saye kuma ya miƙa waya ko memori ya faɗi abin da yake so. Abin da kunne ya fi ji a wurin shi ne, "A sa mini Indiya-Hausa." Abin da yawancinmu ba mu lura da shi ba shi ne, kaso mai yawa na waɗannan finafinai ba da harshen Hindi aka yi su ba, ba kuma daga Mumbai suka fito ba. Daga kudancin Indiya suke, musamman masana'antun Tamil da Telugu. Wannan maƙala za ta bi sawun fim ɗin Tamil tun daga inda aka yi shi har ya iso wayar ɗan makaranta a Kafanchan, ta nuna inda sata take shiga, sannan ta dubi hanyoyin da mutum zai yi kallo ba tare da ya ci haƙƙin wani ba.

Wane ne Tamil?

A matsayinmu na ɗaliban harshe, ya kamata mu fara raba zare da abawa. Abin da Bahaushe yake kira "Indiyanci" tarin harsuna ne. Hindi yana cikin dangin harsunan Indo-Turai, wato yana da zumunta ta nesa da Ingilishi da Farisanci. Shi kuwa Tamil ɗan dangin Dirabidiya ne, tare da Telugu da Malayalam da Kannada. Mai jin Hindi kaɗai ba zai fahimci Tamil ba, kamar yadda jin Hausa ba ya sa mutum ya ji Jju ko Tyap, duk da cewa muna maƙwabtaka. Ƙidayar Indiya ta 2011 ta nuna masu Tamil a matsayin harshen uwa sun kai kimanin miliyan 69, kuma harshen hukuma ne a Sri Lanka da Singafo. A 2004 gwamnatin Indiya ta ayyana shi a matsayin harshe mai daɗaɗɗen adabi, shi ne na farko da ya sami wannan matsayi.

Cibiyar finafinan Tamil tana birnin Chennai, a wata unguwa da ake kira Kodambakkam, daga nan ne aka sami laƙabin Kollywood. Namu Kannywood ma irin wannan ƙirar ce, wadda ta fara bayyana a mujallar Tauraruwa ta Kano a ƙarshen shekarun 1990. Rajinikanth, Kamal Haasan, Vijay, Ajith, Suriya, Vikram da Dhanush duk 'yan wannan masana'anta ne. Prabhas na Baahubali da Allu Arjun na Pushpa kuwa 'yan Telugu ne, cibiyarsu Hyderabad. Iyayenmu da suka yi kallo a sinima da kaset sun fi sanin 'yan Hindi, har suka raɗa musu sunaye: Dharmendra shi ne Sarkin Ƙarfi, Sanjay Dutt kuma Ɗan Daba Mai Lasin. Mu 'yan zamanin waya, 'yan kudu muka fi sani, ko da ba mu san daga kudu suke ba.

Yadda ake sace fim tun yana ɗanye

Sunan da ya fi fitowa a tarihin satar finafinan Tamil shi ne TamilRockers. Gungu ne da ya fara aiki wajajen 2011, daga baya ya zama shafin intanet da kowa zai shiga ya sauke fim kyauta. Hanyarsu ta farko mai sauƙi ce. Wani zai sayi tikiti ranar da aka fara nuna fim, ya zauna a kujerar da ke fuskantar allo sosai, ya ɓoye waya ko ƙaramar kyamara ya ɗauke fim ɗin daga farko zuwa ƙarshe. Shi ya sa wani lokaci idan kana kallon sabon fim da aka tura maka, sai ka ga inuwar kan mutum ta gifta, ko ka ji ihun 'yan kallo lokacin da jarumi ya bayyana. Bayan 'yan makonni, idan fim ɗin ya fito a manhajar kallo, sai su kwafe mai kyau daga can su maye gurbin na farkon.

Mai karatu zai iya tambaya, tunda kyauta suke bayarwa, mece ce ribarsu? Talla ce. Duk wanda ya taɓa shiga irin waɗannan shafuka ya san ba a kai ga maɓallin saukewa sai an ratsa tallan caca kala-kala da shafukan da suke buɗe kansu. Kowane dannawa kuɗi ne a aljihun mai shafin. Ta wannan ƙofa kuma ake cusa wa wayoyi manhajojin ɓarna, waɗanda suke iya karanta saƙonnin banki.

Masu finafinai ba su naɗe hannu ba. A watan Maris na 2018 'yan sandan jihar Kerala sun kama mutanen da ake zargi da gudanar da shafin. A Nuwamba na wannan shekara, gabanin fitowar fim ɗin Rajinikanth mai suna 2.0, kamfanin Lyca Productions ya je Babbar Kotun Madras, kotu ta umarci kamfanonin intanet 37 da su toshe shafuka fiye da 12,000. Duk da haka fim ɗin ya ɓulla a intanet a ranar da ya fito. Dalili kuwa, toshe adireshi ba ya kashe shafi. Idan aka rufe wannan suna da safe, kafin yamma sun koma wani, sun sanar da mabiyansu. A Oktoba na 2020 asalin shafin ya ɗauke, bayan jerin ƙorafe-ƙorafen haƙƙin mallaka da kamfanin Amazon ya shigar, amma masu kwaikwayonsa da magadansa suka ci gaba, wasu kuma suka koma Telegram. Labarin ya shahara har aka yi masa fim mai dogon zango a 2022, mai suna Tamil Rockerz, wanda Arun Vijay ya fito a ciki.

A 2023 majalisar Indiya ta gyara dokar sinima, ta sa ɗaurin wata 3 zuwa shekara 3 ga wanda ya ɗauki fim a ɗakin kallo ba da izini ba, da tarar da ta fara daga rufi 300,000 har zuwa kashi 5 cikin ɗari na kuɗin da aka kashe wajen shirya fim ɗin. A Yuli na 2024 aka kama wani a birnin Thiruvananthapuram yana cikin ɗaukar fim ɗin Dhanush mai suna Raayan da waya.

Me ya sa suke ɗaga hankali haka a kan kwanakin farko? Domin babban fim a Indiya yana mayar da mafi yawan kuɗinsa ne a makon farko ko na biyu. Idan kwafin sata ya riga ya cika wayoyi ranar Juma'a, iyalin da suka yi niyyar zuwa sinima ranar Lahadi sai su zauna a gida. Fim ɗin Vijay ko Rajinikanth zai iya jurewa, tunda masoyansu sai sun je ko ana ha-maza-ha-mata. Ƙaramin furodusa da ya ci bashi ya ɗauki sababbin fuskoki, shi ne yake kwana a ciki.

Daga Tamil zuwa Hausa

Nan ne zancen ya shigo gidanmu. Fim ɗin Tamil ba ya zuwa Hausa kai-tsaye. Akwai kamfanoni a Mumbai, irin su Goldmines, da suke sayen izinin finafinan kudu su ɗora musu muryar Hindi, su sa a talabijin da YouTube. Haka kuma yawancin finafinan suna zuwa da rubutun Ingilishi a ƙasan allo. Mai fassara a Kano ko Jos ko Kaduna, da ɗaya daga cikin waɗannan biyu yake aiki. Ke nan abin da yake isowa kunnenmu fassarar fassara ce: Tamil zuwa Hindi ko Ingilishi, sannan zuwa Hausa. Malamanmu na darasin fassara sun sha gaya mana abin da yake zubewa a hanya idan aka yi irin wannan tsallake. Alal misali, Tamil yana bambanta "kai" na raini ko saba da "ku" na girmamawa, kamar yadda Hausa take yi. Ingilishi ba shi da wannan, kalma ɗaya yake da ita. Idan ta Ingilishi aka bi, sai bambancin ya ɓace, mai fassara ya koma yana cankar wanda ya dace daga yanayin fuskar ɗan wasa.

Harkar ta bunƙasa ne a shekarun 2010, kuma sunan da ya fi tashe shi ne Algaita, na Kano, har ya zama mutane suna cewa "fassarar Algaita" ga kowane fim da aka juya, ko wani ne ya yi, kamar yadda muke kiran kowane garin wanki Omo. Gaskiya kuma dole a yaba wa gwanintar masu wannan aiki. Ba su tsaya ga ma'anar kalma ba. Suna ba fim sabon suna na Hausa, su sa wa mugu bakin 'yan tasha, su sa wa ɗan barkwanci zaurancen samarin Kano, su cusa karin magana inda babu ita a asali. Wani lokaci abin dariyar da ke cikin na Hausa ya fi na asalin.

A nan zan ɗan ratse. Ni Jju na tashi da shi a gida, Hausa kuwa a kasuwa da makaranta da wurin wasa na tsince ta, kamar yawancin yaran yankinmu. Kafanchan gari ne da jirgin ƙasa ya raya tun shekarun 1920, ya tara Fantswam da Bajju da Atyap da Ham da Hausawa da Ibo da Yarabawa, Hausa ta zama ita ce igiyar da ta ɗaure kowa. Amma Hausarmu tana da nata kamanni. Sau da yawa ba mu raba "ya" da "ta", za ka ji an ce "mamana ya zo", kuma ƙ da k duk ɗaya ne a bakin da yawanmu. Kafin in shiga aji a koya mini jinsi da lanƙwasassun baƙaƙe a nahawu, a bakin masu fassarar nan na fara jin Kananci tsantsa na awa biyu ba tsayawa. Na san yara a unguwarmu da ba su taɓa taka Kano ba, amma suna zuba sara irin ta Kano tiryan-tiryan, kuma daga memori suka koya. Wanda yake neman batun kundin digiri a fannin walwalar harshe, ga shi nan a kwance.

To, amma daɗin abu ba ya halatta shi. A dokar haƙƙin mallaka, fassara da juya aiki haƙƙin mai aikin ne, sai da izininsa. Indiya tana cikin Yarjejeniyar Berne tun 1928, Nijeriya ta shiga a 1993, ma'ana fim ɗin da aka yi a Chennai yana da kariya a Kafanchan kamar yadda fim ɗin Kano yake da ita. Saboda haka duk wanda ya ɗora wa fim murya ya sayar ba tare da ya sayi izini ba, ya taka doka, komai kyan Hausarsa. Abin mamaki kuma, shi ma mai fassarar ba ya tsira. Ya kwana yana ɗora murya, ya saki fim da safe, kafin azahar masu turi sun raba shi a gari, wasu sun ɗora a shafukansu na YouTube. Shi ya sa suke yawan ambaton sunan kamfaninsu a tsakiyar fim, suna kuma cika allo da tambari da tallan magani. Hausawa suka ce ɓarawo ba ya son a yi masa sata.

Wanda ya ji a jikinsa

Kusan duk wanda na yi wannan zance da shi a gida amsa ɗaya yake ba ni: "Vijay ya san da zamana? Naira nawa zan rage masa?" A nawa ganin, akwai ƙamshin gaskiya a nan. Furodusan Chennai bai sa Kafanchan a lissafinsa ba, bai kawo mana fim ɗin ta wata hanya ba balle ya ce mun ƙi saye. Asarar da ya yi a kanmu ƙarama ce. Wanda ya ji a jikinsa yana kusa da mu.

An fara finafinan bidiyo na Hausa da Turmin Danya na ƙungiyar Tumbin Giwa a 1990. Tun daga lokacin kasuwar ta dogara ne a kan sayar da kwafi, da farko kaset, daga baya faifan CD, kuma cibiyarta kasuwar Ƙofar Wambai da Bata a Kano. Masanin nan Brian Larkin ya nuna a littafinsa Signal and Noise na 2008 cewa hanyoyin da 'yan kasuwar Kano suka shimfiɗa don kwafar finafinan Indiya da na Amurka, su ne daga baya finafinan Hausa suka hau suka yaɗu. Wato tun asali sata da halal a kwando ɗaya suka taso. Muddin kwafi yana bukatar faifai da na'ura da bango mai hoto, furodusa yana da abin riƙewa, domin shi yake buga bangon. Da waya mai memori ta zo, sai wannan ya kau. Mai turi ya sayi faifai ɗaya, ya zuba a kwamfuta, ya tura wa mutum ɗari. Su kuma ɗarin nan kowa ya tura wa abokinsa ta Xender, ba ko sisi. Zuwa ƙarshen shekarun 2010 kasuwar faifai ta durƙushe, furodusoshi da yawa suka bar sana'ar.

Yanzu a auna. Mai shirya fim ɗin Hausa zai biya marubuci, 'yan wasa, mai kyamara, masauki, abinci da kuɗin tacewa. A gefe guda ga fim ɗin da aka kashe wa biliyoyin rufi, da jirage da motoci suna tashi sama, an same shi kyauta, abin da aka kashe kawai kuɗin ɗora murya, kuma ana tura su a farashi ɗaya a shago ɗaya. Ba a yi gasa a haka. 'Yan Kannywood sun daɗe suna kuka da wannan, ko da yake mai son tsokana zai tuna musu cewa su ma sun sha ɗauko labarin fim ɗin Indiya su mayar da shi na Hausa ba tare da sallama ba. Farfesa Abdalla Uba Adamu ya yi rubuce-rubuce da dama a kan wannan aro. Kalmarmu ta "satar fasaha" ma ta haɗa duka biyun, da kwafar aikin mutum a sayar, da ɗaukar tunaninsa a ce na kai ne, alhali a doka matsayinsu ya bambanta.

Idan Kannywood mai miliyoyin 'yan kallo ta ji jiki haka, sai a yi tunanin matashin da ya tara kuɗin citta ya shirya fim ko faifan waƙa da Jju ko Tyap ko Hyam. 'Yan kallonsa ba su da yawa tun farko. Na san wata ƙungiyar mawaƙan mata a wajenmu da suka yi karo-karo suka ɗauki waƙoƙinsu a bidiyo, suka buga faifai, suka yi bikin ƙaddamarwa. Abin da suka samu a ranar bikin shi ne ƙarshen abin da suka samu, domin kafin mako ya zagayo waƙoƙin suna cikin kowace waya a garin. Ba su sake yin na biyu ba. Harshen da yake fama da ƙarancin rubutu, idan 'yan waƙoƙi da finafinansa ma suka tsaya, ba ƙaramin rashi ya yi ba.

Abin da dokarmu ta ce

Hukumar Kare Haƙƙin Mallaka ta Nijeriya ta fara aiki a 1989, kuma tsohuwar dokar ta 1988 an yi ta ne a zamanin kaset. Sabuwar, wato Dokar Haƙƙin Mallaka ta 2022, Shugaba Muhammadu Buhari ya sa mata hannu a Maris na 2023. Ita ce ta shigo da intanet ciki sosai. Ta ba mai aiki damar rubuta wa kamfanin da ke ɗauke da shafi ya sauke kayan sata, ta ba hukumar ikon toshe shafi, ta kuma tanadi tarar da ba ta gaza naira 1,000,000 ba ko ɗaurin da bai gaza shekara 5 ba ga mai yaɗa aikin wani a intanet don kasuwanci ba da izini ba. Kariyar fim tana ɗaukar shekara 50 daga fitowarsa. A 2025 hukumar, tare da ƙungiyar da ke rajistar adireshin intanet na Nijeriya, ta sa an dakatar da shafin MovieBox.ng. Sai dai darasin TamilRockers yana nan: adireshi ake rufewa, mai shi kuma ya sake wani.

Halattattun hanyoyi

A Indiya annobar korona ce ta buɗe wannan ƙofa da ƙarfi. Da aka rufe gidajen sinima a 2020, fim ɗin Jyothika mai suna Ponmagal Vandhal ya fito kai-tsaye a Amazon Prime Video a watan Mayu, masu gidajen sinima suka yi ta fushi. Soorarai Pottru na Suriya ya biyo baya a Nuwamba, sai Jai Bhim a 2021. Yau kusan kowane babban fim ɗin Tamil yana sayar da izinin kallon intanet tun kafin ya fito, kuma yakan isa manhaja bayan kamar wata ɗaya da fara nuna shi. Netflix ya sayi Leo na Vijay na 2023 da Maharaja na Vijay Sethupathi na 2024, Prime Video ya sayi Jailer na Rajinikanth. Akwai Sun NXT na kamfanin Sun TV da aka buɗe a 2017, akwai kuma Simply South da Tentkotta waɗanda aka yi domin masu kallo a wajen Indiya. Netflix yana aiki a Nijeriya tun Janairun 2016, Prime Video kuma ya buɗe tsarin Nijeriya a 2022. Izini ƙasa-ƙasa ake sayar da shi, don haka fim zai iya kasancewa a manhaja a Indiya amma ka neme shi daga nan ka rasa.

Kada in yi wa mai karatu daɗin baki, waɗannan hanyoyi suna da wuya ga ɗalibi. A 2025 mafi ƙarancin tsarin Netflix, na waya, ya kai naira 2,500 a wata, a shekarar da aka amince wa kamfanonin sadarwa ƙarin kashi 50 cikin ɗari a kan kuɗin kira da data. Kuɗin wata daban, kuɗin data daban, ga wutar caji, ga sabis da yake ɗaukewa da zarar ka bar bakin titi ka nufi ƙauye. Mai turi kuwa ya haɗa maka duka a wuri ɗaya da kuɗin da bai kai na kwanon abinci ba. Babbar matsalar ma ba kuɗi ba ce. Duk finafinan Tamil da na duba a waɗannan manhajoji, na ga Hindi da Telugu da Ingilishi, wani lokaci har Larabci, ban ga Hausa ba. Kakata ba ta karanta rubutun ƙasan allo. Halattacciyar hanya ba ta jin yarenta, ta sata kuwa tana ji.

Duk da haka akwai abin da ya fi sauƙi, wato YouTube. Kamfanoni irin su Goldmines da Ayngaran da AP International suna ɗora cikakkun finafinai a shafukansu, kyauta, talla ce take biyansu. Gane na gaskiya ba shi da wuya: sunan kamfani ne a kai, yawanci da alamar tantancewa, hoto garau, ga jerin sunayen ma'aikata a ƙasa. Na sata kuwa za ka ga an juya hoton hagu ya koma dama, ko an matse shi cikin wani kewaye mai ado, ko an ɗan sauya murya ta koma siririya. Duk dabaru ne na ɓuya daga na'urar YouTube mai gano kayan wani. A manhajar kuma ana iya ajiye bidiyo da yawa a kalla daga baya, don haka mai datar dare ko wanda ya sami intanet ɗin makaranta zai iya tanadi.

Ta wannan hanya ce ma finafinan Hausa suka farfaɗo. A 2020 Lawan Ahmad ya fara sakin Izzar So a shafin Bakori TV, Aminu Saira kuma ya fito da Labarina a tashar Arewa24 da shafinsa na Saira Movies. Aka koma fim mai dogon zango, mako-mako, kyauta ga mai kallo, kuɗi kuma daga talla. An kuma gwada manhajojin biya na gida, irin su Northflix da Kallo.ng. Abin lura a nan shi ne, idan ka kalli Labarina a shafin mai shi, kallonka yana shiga lissafi, ko da abin da talla take biya a kan mai kallo daga Nijeriya kaɗan ne. Idan mai turi ya sauke ya tura maka, fim ɗin dai shi ne, amma lissafin mutum ɗaya aka yi, wato shi mai turin. Fim ɗin da aka ba mu kyauta ma ashe ana iya sace shi.

Game da Indiya-Hausa kuwa, an riga an nuna cewa ana iya yin ta da izini. Arewa24, wadda ta fara watsa shiri a 2014, ta nuna wasan Indiya mai dogon zango Sapne Suhane da muryar Hausa, kuma tasha irin wannan sai ta sayi izini kafin ta watsa. Wanda ya saurara da kyau zai ji bambanci. Idan an sayi izini, kamfani yakan ba da sautin fim a rarrabe, kiɗa da ƙarar mota da takun ƙafa a gefe guda, maganar 'yan wasa a gefe guda, sai a cire maganar kawai a sa ta Hausa. Wanda ya ɗauko daga intanet ba shi da wannan, dole ya danne sautin gaba ɗaya duk lokacin da zai yi magana, shi ya sa kiɗa yake ɗaukewa yana dawowa, wani lokaci kuma ka ji Hindi tana leƙowa daga ƙarƙashi. Aikin izini yana bukatar mai fassara da zai rubuta zance ya auna shi da motsin leɓe, da mai duba daidaiton Hausa, da muryoyi mabambanta na maza da mata da yara, maimakon mutum biyu ko uku su yi garin duka. Furodusan Chennai ya saba sayar da izinin Hindi daban, na Telugu daban, na ƙasashen waje daban. Izinin Hausa ma abin sayarwa ne a wurinsa, in an sami mai saye da ya zo da lissafin masu kallo daga Kano zuwa Maradi, da Kumasi, da mu nan Kafanchan da ba a cika sa mu a lissafin masu jin Hausa ba.